Harafi ɗaya na cire daga bakin Iya Tabawa

Assalamu alaikum Malam Edita da masu karatu. Ku ɓoye sunana, kuma don Allah ku karanta har ƙarshe kafin ku tsine mini.

Ni malamin rubutu ne a wata kotu a ƙasar Funtuwa. Bana da kakar auduga aka kawo ƙara kan wani injin niƙa a wani ƙauye kan hanyar Bakori. Garba makaniki ya ce shi ya kawo injin ya kafa, ya ɗauki Malam Sule ya riƙa kula masa da shi. Malam Sule, wanda duk garin ba a kiransa da komai sai Malam, ya ce injin nasa ne, Garba gyara kawai yake yi. Takarda babu, gara ta cinye. Wadda ta ba da filin da aka kafa injin tsohuwa ce, Iya Tabawa, ƙafa ta hana ta zuwa kotu. Sai alƙali ya naɗa ni wakili, in je in ɗauko shaidarta a rubuce.

Na tarar da ita a zaure tana kaɗi. Na ce, "Iya, wa ya roƙe ki fili, ya sauke injin nan?" Ta sunkuyar da kai ta ce, "Mai sunan Malam mana." Na ce ta faɗi sunan. Ta ce, "Kai ɗan nan, ba ka da ta ido? Shekara arba'in ban kama sunan nan ba, sai yau don kā zo da alƙalami?" Jama'a, ni ɗan ƙasar nan ne. Na san marigayi mijinta Malam Garba ne, na san bakinta ba zai iya furta Garba ba ko za a yanka ta. Me ya rage ban gane ba? Amma Malam Sule aminin kawuna ne, shi ya kama hannuna ya kai ni aikin nan, kuma a gidansa na ci abinci ran nan. Ko uffan bai ce mini ba, kada in ɗora masa. Ni da kaina na rubuta "mai suna Malam". Na karanta mata da sauri-sauri, ta dangwala yatsa tana sa mini albarka.

Da aka karanta a kotu, Garba ya miƙe ya ce, "Allah gafarta Malam, Iya ba ta ƙarya. Ko tsufa ne ya ruɗe ta?" Bai ko kalle ni ba, don bai taɓa kawo ni a ransa ba. Wannan ne ke ci na. Na ce wa kaina harafi ɗaya ne, kuskuren alƙalami ne, wa bai taɓa yi ba? To in kuskure ne, me ya sa nake kewayewa ta bayan tasha don kada in bi ta ƙofar Garba?

Alhamis mai zuwa za a yanke hukunci. In na yi shiru, Garba ya rasa injinsa, ga iyali. In na faɗa, aikina ya tafi, wataƙila har gidan yari, kuma da wane ido zan dubi kawu? Jiya jikar Iya ta shigo kasuwa ta ce Garba ya daina zuwa gaishe ta, tsohuwa tana ta kuka tana tambaya laifin me ta yi masa, ita da ta ba da shaida cewa shi ya sauke injin. Iya ta aiko a ce in zo in gaya masa abin da ta faɗa, tunda ni na ji da kunnena.

Me zan yi?