Wasiƙu Goma Sha Bakwai da Ban Kai Ruga Ba

Ni Azariya Didam, tsohon hedimasta a Kafanchan, na rubuta wannan da hannuna zuwa ga 'ya'yana biyu da suka rage, Meshak da Tamar. Ƙafafuna sun daina ɗaukata, ido ɗaya ya rufe, amma hankalina yana nan daram. Kada wani ya ce tsufa ne ya yi magana.

Na ɗaya. Gidan nan naku ne ku biyu, kada a sayar, kada a ja katanga a tsakiyarsa. Gonar citta ta hanyar Kagoro ta Meshak ce. Keken ɗinkin mamarku Afiniki da littafin waƙoƙinta na Tamar ne.

Na biyu. Akwai akwatin ƙarfe a ƙarƙashin gadona. A ciki akwai wasiƙu goma sha bakwai da ba a taɓa buɗewa ba. Saboda su na ɗauki biro.

Kun san Gidauniyar Marayu da muka kafa ni da marigayi Gidaɗo, shekara talatin da biyu ke nan. Shi ya kawo shanu biyu, ni na kawo allo da alli. Da za a yi mana rajista, ni na buga tsarin mulkin a tafireta. Na rubuta cewa duk shekara biyar za a zaɓi amintattu, a kai wa kowane mamba takardar gayyata hannu da hannu kwana ashirin da ɗaya kafin ranar, kuma a yi taron a gindin ɗorawar makarantar marayun. Gidaɗo ne ya zaɓi ɗorawar. Yana dariya ya ce itacen bai taɓa zuwa coci ba, bai taɓa zuwa masallaci ba, don haka kowa zai zauna a inuwarsa hankali kwance.

A zaɓen bara waccan Meshak ya nemi shugabanci, Abdulhafiz ɗan Gidaɗo ma ya nema. Ni ne sakatare, ni ke da nauyin raba takardu. Na raba na cikin gari, na ajiye na mutanen ruga guda goma sha bakwai a akwatin. Na gaya wa kaina hanya ba lafiya tun bayan rikici, alhali matan rugar kullum suna wucewa ta ƙofata da nono a ka. Gaskiyar ita ce na lissafa, na ga idan sun zo ɗana zai faɗi. Na kuma mai da taron ɗakin taro na coci, na ce ana tsoron ruwa. Ko ɗigo bai sauka ba ranar.

Meshak, ka ci da ƙuri'a tara. Ba ka san komai ba, ina shaida maka wannan a gaban Ubangiji. Da Abdulhafiz ya kai ƙara, na sa hannu a takardar rantsuwa cewa kowa ya sami gayyata. Kotu ta hana kowane ɓangare taɓa makarantar sai an yanke hukunci. Aka sa kwaɗo a ƙofa. Yara arba'in da shida suka watse, ban san inda rabinsu suke kwana ba.

Na uku. Meshak, ka daina gaba da ƙanwarka. Abin da Tamar ta faɗa wa alƙali, cewa ba ta ga babanta ya je ruga ba, gaskiya ne. Ka kira ta maciya amana a gabana, ni kuwa ban tsaya mata ba. Tun ranar ba ta ƙara shigowa gidan nan ba sai dai ta aiko da abinci, kai kuma sau uku na aika maka ka ce aiki ya yi yawa. Ina cin tuwona ni kaɗai, kuma na san dalili.

Na huɗu. Za a sake zama a kotu ranar goma sha huɗu ga watan gobe. Lauya ya ce in rigimar ta ci gaba, kotu na iya rushe gidauniyar ta miƙa filin da azuzuwan ga wata ƙungiya. Ku kai akwatin da wannan takarda gaban alƙali kafin ranar. Meshak, ka sauka daga shugabancin da kanka. Ku roƙi kotu ta turo jami'inta ya tsaya a kan sabon zaɓe, a gindin ɗorawa, a ƙirga ƙuri'a a idon kowa. Sababbin takardun gayyata ku biyu za ku kai su ruga, ku fara da gidan Gidaɗo, ku ce Azariya ya nemi gafara.

Ba na ruɗin kaina. Da yawa daga cikin mutum goma sha bakwai ɗin sun tashi da shanunsu, wasu sun mutu. Waɗanda suka rage ƙila ba za su ƙara amsa takarda mai sunan gidanmu ba. Shekara arba'in ina dukan yara a kan ƙarya, ga abin da na bar musu.

Na biyar. Kada fasto ya kira ni mai gaskiya a bakin kabari, sai in akwatin ya riga ya isa kotu. In bai isa ba, a yi waƙa ɗaya a rufe ni.

Akwatin na bar wa Meshak, makullin na aika wa Tamar. Na san guduma tana fasa kwaɗo, na san ashana ba ta da tsada, ba kuwa zan kasance nan in hana ba. Roƙo kawai nake yi.

Ubangiji ya sa muku albarka, ya kiyaye ku da 'ya'yanku, ya raba ku da irin son da na yi wa ɗana. Ku riƙe juna, ba ku da wani bayan ni. Ku zauna a ɗakin nan ku biyu, ku buɗe akwatin tare.

Babanku,
Azariya Didam