Ranar da Tafki Ya Karɓi Mama

Imlisau, watan Nuwamba

Zuwa ga Yayana Gallus,

Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, ina roƙon Ubangiji ya sa wannan takarda ta same ka cikin ƙoshin lafiya, kai da matarka Amalia da 'ya'ya da jikoki a can Ajantina. Allah ya sauƙaƙa maka ciwon ƙugun nan. Mu nan lafiya, sai gwiwa da take yi mini tsiya duk ranar da iskar kudu ta sauko daga duwatsu. Jikata Lioba ta sauka lafiya, an sami mace. Ita ce haihuwar farko a garin nan tun da aka rufe makarantar yara, har Fada, limamin cocinmu, ya sa aka kaɗa ƙararrawa. Mu da muke kwana a Imlisau yanzu ba mu kai ɗari uku ba. Gidajen bakin ruwa duk 'yan birni sun saye, suna zuwa da bazara su sha iska, sauran watanni tagogi a rufe.

Yaya, ka samu wuri ka zauna, don maganar Mama ce. Ka san yadda Unguwar Ƙasa ta zame cikin tafki a zamanin Kaka, da gidajenta da gidan burodi da mutanen da ke ciki. To, bana bangon maƙabarta ya tsage, har hannu yana shiga. Masana suka zo daga birni suka yi ta haƙa da aune-aune, suka ce ƙasar da ke ƙarƙashin coci yumɓu ce, kuma ta soma tafiya. Aka kira taron gari, aka ce wanda ya yarda a kwashe kaburbura a kai su saman tudu ya ɗaga hannu. Kowa ya ɗaga, ban da ni da tsoho Meinrad mai kwalekwale, abokin wasanka na dā. Shi dai cewa ya yi kafaɗarsa ce ba ta ɗaguwa.

Ni kuwa ka san dalilina. Tun ranar da Baba ya fita da komarsa hadari ya rutsa da shi, tafkin bai dawo mana da ko hularsa ba. Kai ka kasa kallon ruwan ka haye teku, Mama kuwa ta kasa daina kallonsa. Ita da kanta ta zaɓi layin ƙarshe, jikin bango, ta ce tunda ba a ba ta gawar mijinta ba, a kwantar da ita inda za ta riƙa jin motsinsa. Shugabar gari, 'yar gidan Imfeld, ta zo har gida tana ce mini Inna Regula sama, Inna Regula ƙasa, wai ba ya yiwuwa rayayyu su bar wa kifi matattunsu. Na ce mata tsakanin gidanmu da kifin nan ai an daɗe ana cin juna. Ta yi dariya, sannan ta fashe da kuka, don mahaifinta ma yana layin. Hawayenta ne suka karya ni, na ba da kai. Sai dai injin haƙa ba zai iya sauka can ƙasa ba saboda taushin wurin, don haka aka fara daga sama, aka bar layin Mama sai an samu masu haƙa da hannu.

Ran Asabar da safe na ɗauki butar ban ruwa na nufi kabarin Mama kamar kullum. Gari shiru, hazo kwance a kan tafki, ko agwagwa ba ta kuka. Na sauka matakalar nan da ka sani, sai na ga ƙafata tana cikin ruwa. Babu bango, babu itacen da ke kusurwa, babu layin ƙarshe. Ruwa kawai, lumui, kamar tun fil'azal haka wurin yake. Babu wanda ya ji ƙara, har maigadin coci da ɗakinsa ke kusa. Na daɗe a tsaye riƙe da buta cike da ruwa ban san inda zan zuba ba.

Da laka ta kwanta, Meinrad ya ɗauke ni a kwalekwalensa. Ya daina tuƙi ya ce in leƙa. Yaya, dutsen kabarinta yana tsaye ƙyam, bai ko karkace ba, har sunanta na karanta, ƙananan kifaye suna kewaya shi. Can ƙasa da shi, inda ruwan ya fara duhu, na hango wani abu kamar jinkar gida. Meinrad ya cire hula ya ce in daina kuka, ai mijinta ne ya gaji da jira ya zo biko. Sannan ya nuna gefen dutsen, inda na ajiye wa kaina wuri tun rasuwar mijina, ya ce ga shi har shimfiɗata an tafi da ita. Da wasa ya faɗa, sannan ya juya kwalekwalen muka dawo gaci.

An ce za a iya kawo masu nutso su ciro abin da ya samu. Na ce a'a, da sunana da naka, ban jira shawararka ba. In ka ga ban kyauta ba ka yafe mini, amma abin da ruwa ya ɗauka da ladabi haka, ban ga hannun da zai ƙwato shi ba. Fada ya yi addu'a daga kan matakala, muka watsa furanni.

Gidanmu ma masanan sun ce ba zai kai baɗi ba. Ƙofar kicin ta daina rufuwa, in na ajiye tuffa a tebur sai ta gangara ta nufi wajen tafki. Zan koma wurin 'yata Ottilia a saman tudu kafin ƙanƙara ta sauka. Ta gyara mini ɗaki mai babbar taga, ana ganin ruwan daga wannan gaci zuwa wancan. Na roƙe ta ta juya mini kujera ta fuskanci bango. Ba tsoro nake ji ba, Yaya. Abin da ya dame ni shi ne in na daɗe ina kallonsa sai in ji kamar ni ce na makara.

Ka gai da Amalia, da ɗanka Severin da iyalinsa, da 'yar autarka Notburga. Ottilia da Lioba suna gaishe ka. Meinrad ya ce in gaya maka in kana so ka ga gidan da aka haife ka tun yana kan tudu, ka zo bana, in kuwa sai baɗi ne, ka taho da kwalekwale. Allah ya sada mu da alheri.

Ƙanwarka mai kewarka,
Regula