Mijina Yana So In Ara wa Ƙanwata Marigayiya Muryata

Gwaggo Larai, don Allah ki taimake ni da shawara. Na rasa wanda zan kai wa wannan magana a garinmu, don kowa ya riga ya zaɓi gefensa. Ki yi haƙuri da Hausata, ba da ita aka yaye ni ba.

Mijina Meshak mai shirya fim ne. Lokacin da muka yi aure aikin majigi yake yi, suna yawo ƙauye-ƙauye da mota suna nuna wa mutane amfanin taki da allurar rigakafi. Bayan yaƙin basasa aka tura shi Kaduna ya koyi riƙe kamara. Daga baya ya ajiye aikin, ya dawo Kafanchan, ya ce shi fim ɗin ban tsoro zai riƙa yi da labaran da kakarsa ta ba shi. Na farkon gajere ne, a kan dodo. Da ya nuna shi a Zonkwa mata sun gudu sun bar takalmansu, washegari kuma suka dawo da maƙwabtansu. Tun daga nan ba shi da zance sai na fim. Shi ke tsara labari, shi ke neman 'yan wasa, shi ke tsayawa bayan kamara. Ba ya shaye-shaye, bai taɓa ɗaga mini hannu ba, wannan kam dole in faɗa.

Bara ya fara babban fim, labarin wata mata da ruwa ya ci, ta dawo tana buga ƙofar mijinta. Duk macen da ya nema sai ta ƙi. Ƙanwata Afiniki, malamar firamare a Madakiya, ita ce ta ce za ta yi, tana ta dariya tana ce mana matsorata. A bakin ruwan da ke zubowa daga dutse kusa da garinmu suka ɗauki fim ɗin. Aka shafa mata farar ƙasa tun daga fuska har ƙafa, aka kwantar da ita a kan gadon kara, samarin unguwarmu suka ɗauke ta kamar gawa.

Ba a wanke fim a nan, sai aka aika da shi Ikko. Kafin ya dawo, da zafin bazara, sanƙarau ya kama Afiniki, ba ta jima ba ta rasu. Gwaggo, samarin da suka ɗauke ta a wasa su ne suka ɗauki akwatinta, kuma ta hanyar da suka bi da ita a fim suka bi. Kowa ya gani.

Da fim ɗin ya iso, Meshak ya toshe tagogin ɗaki da barguna da rana tsaka, ya kunna injin. Na ga ƙanwata tana fitowa daga ruwa a jikin bangon ɗakinmu, fara fat, babu sauti ko kaɗan, don sai daga baya ake sa murya. A wani wuri sai ta tsaya, ta juyo, ta dube mu, leɓunanta suka motsa. Meshak ya rantse bai ce ta yi haka ba, kuma bai tuna ta yi ba.

Mamanmu ta ji labari ta zo. Na ɗauka za ta suma, sai ta zauna a ƙasa ta ce a sake. Yanzu kusan kullum sai ta tako daga Madakiya. Takan zo da tuwon acca a kwano, ta ajiye a gindin bango, ta riƙa ba Afiniki labarin gona da yarenmu, har da wanda ya haihu da wanda ya yi aure. In fim ya ƙare ta ɗauki kwanonta ta tafi.

Ga abin da ya sa na rubuto. Muryata da ta Afiniki iri ɗaya ce, ko Mama takan ruɗe in muna bayan ɗaki. Meshak ya roƙe ni in faɗi maganganunta a ɗauka, a haɗa da hoton. Na gwada sau ɗaya. Ina kallon bakinta ina cewa, “Buɗe mini, ruwan nan da sanyi,” ashe Mama ta shigo tsakar gida. Ta yar da kayan da ke kanta, ta banko ƙofa tana kiran Afiniki. Da ta ga ni ce, ta daɗe tana kallona kamar ba ta san ni ba. Tun ranar wani lokaci takan kira ni da sunan marigayiya, ni kuma sai in ji na amsa.

Babanmu da dattawan gidanmu sun ce a ƙona fim ɗin. Wasu na cewa Meshak ya kama kurwarta ne a cikin injin. A zumuntar mata ta coci, in na zauna a benci sai in ga ana matsawa. Baba ya ce ranar da aka nuna 'yarsa a silima in kwashe yarana in dawo gida. Shi kuma Meshak wani mai silima a Jos yana jiransa kafin Kirsimeti. Ya ce Afiniki da son ranta ta yi aikin, ƙona shi kamar sake binne ta ne. Ya rame, ba ya cin abinci. Ni Kirista ce, na san ƙanwata tana wurin Ubangiji, amma in zan wuce ɗakin nan sai in ji ina sauri. In ba shi muryar, ko in bi Baba?

Taki,
Yayar Marigayiya, Kafanchan

AMSA

'Yata, ina yi miki ta'aziyya. Allah ya ba ku haƙurin rashin Afiniki.

Bari in fara cire miki tsoro. Kamara hoto take ɗauka, ba ta ɗaukar rai. Sanƙarau ciwo ne da kan shiga gidaje da zafi, har gidajen da ba su taɓa ganin majigi ba. Samarin da suka ɗauke ta sau biyu kuwa, su ne samarin unguwarku. Da wani ne ya rasu, su ɗin za a kira. Juyowar da ta yi, mai yiwuwa wani ne ya yi mata magana a wurin. Ki tambayi waɗanda suka je.

Batun murya, ki ƙi. Ki faɗa wa mijinki da laushi, amma kada ki bar ƙofa a buɗe. Kin riga kin ga abin da gwaji ɗaya ya yi wa mahaifiyarki, da ke kanki. In an kira ki da sunan marigayiya, ki riƙe hannun Mama ki faɗa mata naki sunan. Tana buƙatar 'yar da ta rage mata.

Mijinki ba mugu ba ne. Ya sa rayuwarsa a sana'ar da mutane ba su saba da ita ba, shi ma kuma yana makoki, ga zargi a kansa. Amma ya yi gaggawa. Abin da yake kira aiki, a wurin surukinsa gawar 'yarsa ce za a haska wa baƙi suna ihu suna tafi. Mahaifinki yana da gaskiya a nan. Inda ban bi shi ba shi ne ƙonawa, domin abin da aka ƙona cikin fushi ba ya dawowa ranar da aka huce.

Ga abin da za ku yi. Meshak ya ba mai silima haƙuri, bana ba za a nuna ba. Ya ɗauki manyansa, da fastonku, su je gaban mahaifinki ya zauna a ƙasa ya saurara. A rufe fim ɗin a akwati a ba wanda ɓangarorin biyu suka amince da shi, sai bayan shekara a sake zama. In iyayenki ba su yarda ba har lokacin, ya sake ɗaukar labarin da wata. Mai basira ba a fim ɗaya yake ƙarewa ba.

Mama kuwa, kada a rufe mata ƙofa rana ɗaya. A rage a hankali. Mijinki ya duba cikin abin da ya ɗauka, ya fitar mata da hoton Afiniki a kamanninta na kullum, ba farar ƙasa, ta rataye a ɗakinta. Ke kuma ki riƙa zuwa Madakiya da yara kafin ita ta tako.

Abu na ƙarshe: a duk wasiƙarki kin ba ni labarin baƙin cikin kowa, ban da naki. Ki samu 'yar'uwa ko aminiya ki zauna ki yi kukan ƙanwarki. Allah ya sanyaya muku zuciya, ya zaunar da gidanki lafiya.

Gwaggo Larai