Wanda Zai Fito a Matsayin Ɗana

Ni, Anselme Pruvot, mai shekara tamanin da huɗu, mazaunin hawa na biyar a Montrouge, gefen Paris, nake rubuta wannan da hannuna, hankalina cikakke. Likita ta gwada ni ranar Talata. Ta tambaye ni kwanan wata, na faɗa. Ta ce in ƙirga daga ɗari zuwa baya, na ƙirga, na kuma ƙara mata da cewa fuskarta ba ta likita ba ce, ta matar da ke zuba wa miji guba a fim ce. Ta rubuta cewa kaina lafiya lau, bakina ne ba shi da magani. Zuciya da ƙafafu su ne suka ajiye aiki.

Zuwa gare ku, Thibault da Maëlle. Na rubuta takardar sau biyu, ɗaya ta tafi Limoges wurin Thibault, ɗaya ta tsallaka kogi wurin Maëlle, domin shekara ashirin da biyu ke nan ba ku yi wa juna magana ba, kuma na san ɗayanku ba zai miƙa wa ɗaya ba. Ban bar ta wurin lauya ba, don shi sai an binne mutum da makonni yake buɗe ambulan, ni kuwa abin da nake roƙo na ranar binnewar ne.

Na ɗaya, gidan. Doka ta riga ta raba muku shi daidai, ba ta nemi shawarata ba. Abin da zan ce kawai, matakala tasa'in da shida ce, kuma kwanar hawa na uku ba ta karɓar akwatin gawa a kwance. Na ga yadda aka yi da maƙwabcina. Ku gaya wa masu ɗauka tun da wuri, kada in sauka da kaina a ƙasa.

Na biyu, akwatunan kati da ke ɗakin baya. Shekara arba'in da ɗaya ina zaɓen 'yan wasa wa masu shirya fim da talabijin. Darakta ya ce mini yana son mahauci mai idon tausayi, ko bazawara da ba a yarda da kukanta ba, ni kuma in shiga gari in nemo. Duk wanda ya taɓa tsayawa gabana yana da kati, hotonsa a gaba, ra'ayina a baya. Sun haura dubu goma sha huɗu. Ku ƙone su, kuma kada ku juya bayansu. Akwai wadda yau ake shimfiɗa mata jan kafet, na rubuta mata: "Tana kuka kamar mai neman makullinta." Akwai wanda na rubuta wa: "Ya dace da gawa, in za a rufe fuskar." Yana raye, yana da lauyoyi.

Na uku, Fulbert. Za ku same shi a kasuwar Alhamis, wajen mai cuku, tsoho ne dogo mai jan mayafin wuya. A sana'armu idan an gama gwada mutum ba a ce masa bai yi ba, sai a ce, "Za mu kira ka." Kowa ya san ma'anarta, ban da Fulbert. Na faɗa masa haka shekara talatin da takwas da suka wuce, kuma tun daga ranar duk inda muka haɗu sai ya ɗaga hula ya ce, "Yallaɓai, lambar tawa tana nan fa, ban canja ba." In ce, "Ana dubawa, Fulbert." Ya ce, "A duba a hankali, ba sauri nake ba, haƙoran gaba ne kawai suka tafi." Ku kira shi. Ku ce daga ofishin Pruvot ne, ana buƙatarsa ranar kaza ƙarfe kaza, ya sa baƙar kwat. Ku zaunar da shi a layi na biyu. Tun da na daina aiki na fahimci yadda waya take yin shiru, shi ya sa na tuna da shi.

Na huɗu, 'yan wasa a wurin jana'iza. Za su zo, don akwai masu ɗaukar hoto. Kada a bar fiye da biyu su zauna layi ɗaya, in ba haka ba gasar kuka za ta tashi, a manta da mai gawar. Duk wadda ta zo da baƙin tabarau mai faɗin faranti, a kai ta bayan ginshiƙi.

Na biyar shi ne dalilin takardar, sauran duk share fage ne.

Kun san labarin, amma ba ku taɓa jin sa daga bakina ba. Ana neman wa da ƙanwa don wasan talabijin mai dogon zango, na iyalin da ke riƙe da otal a bakin teku. Ku biyu kuna makarantar wasan kwaikwayo a lokacin, kuka zo gwaji tare, kuka ja lamba kamar kowa, don na ce a ofis ba ni da 'ya'ya. Na tsayar da ku gaban kyamara. Na duba, na sake dubawa. Maëlle gajera mai faɗin goshi irin na uwarta, Thibault dogo mai hanci irin na kakana. Sai na juya na ce wa darakta, a gabanku, "Ita ta yi. Shi kuwa ba wanda zai yarda yayanta ne." Na ɗauko wani Loïc daga cikin akwati, ɗan yankin Bretagne da bai taɓa ganinku ba, mai goshinta sak.

Thibault, ka ce mini, "Baba, ni ne fa yayanta." Na ce, "A gida." Na ɗauka bayani na yi maka.

Da na koma, uwarku Josiane tana yanka albasa. Ba ta ɗago ba ta ce, "Anselme, ni na haife su, ina wurin aka yi. Ko ni ma za ka gwada ni ka ga ko na yi kama da uwarsu?" Na ce mata ba ta san aikin ba. Ta ce, "Na san jaki dai, shekara talatin ina dafa masa." Mako biyu ina cin burodi da sardin gwangwani.

Wasan ya yi shekara tara. Ƙasar nan kaf ta san Loïc yayan Maëlle ne. Kai kuma ka bar makarantar, ka karanta harhaɗa magani, ka buɗe kanti a Limoges, inda tsofaffin mata ke tambayarka ko ka san 'yar wasan nan mai irin sunanka, su ƙara da cewa yayanta kyakkyawa ne. Maëlle, ke ba ki ƙi aikin ba, kuma ban ga laifinki ba, shekarunki ashirin da uku. Amma da 'yan jarida suka riƙa cewa "yayanki", kina iya gyara musu ko sau ɗaya. Ranar da muka binne Josiane, Loïc ya zo, ya riƙe ki a bakin kabari, jarida ta buga hoton da rubutu a ƙasa: 'ya'yan marigayiya. Thibault yana cikin hoton, rabin kafaɗarsa, yana riƙe wa wata lema. Ya hau jirgin ƙasa ko abinci bai tsaya ci ba. Na yanke hoton na ajiye, kuma kunyar da zan faɗa ita ce, abin da na fara gani shi ne hoton ya yi kyau.

Ba zan yi muku ƙarya ina bakin tafiya ba: ta fuskar aiki zaɓin daidai ne, shekara tara ba wasa ba ce. Abin da ban gane ba sai da na zauna ni kaɗai da matakala tasa'in da shida tsakanina da mutane, shi ne ba darakta ne ya ba ni ku ba.

Makon jiya Loïc ya hawo, da furanni, yana haki. Yaron kirki ne, ba ya nufin kowa da sharri, abin da ya fi ba ni haushi ke nan. Ya zauna bakin gado ya ce, "Baba Anselme, in ranar ta zo, Allah ya nisanta ta, ni zan yi jawabin. Har na fara rubutawa." Ya karanta mini farkon. Wallahi sai da na share ido, muryar nan tasa kamar an zuba zuma a ganga. Na ji tsohuwar cutar tana motsi, ina cewa a raina wannan zai cika coci. Sai na ce masa an riga an ba wani.

Ya ce, "Wa?"

Na ce, "Wani mai kantin magani a Limoges."

Ya ce, "Ya taɓa yi?"

Na ce, "Sau ɗaya ya zo gwaji, aka kore shi."

Ya ce, "To, in tsaya kusa ko da zai rikice?"

Na ce ya tsaya kusa da Fulbert.

Saboda haka, Thibault, kai za ka tsaya a gaba, dama da ƙanwarka, kai za ka yi magana. Na san muryarka ba ta kai layi na uku, na san ba ka san inda za ka sa hannuwanka ba. Sa su a aljihu. Faɗi abin da ka ga dama, ko da cewa za ka yi ubanka jaki ne; uwarka ta riga ka, ba wanda zai yi mamaki. Ke kuma Maëlle, idan mai kyamara ya matso ya ce wane ne wannan dogon, ki faɗa masa da muryar da ake biyanki dominta, ki kuma tsaya har ya rubuta sunan daidai. Bayan nan ku tafi ku ci abinci tebur ɗaya. Ba sai kun yi hira ba, ku miƙa wa juna gishiri, ya isa na rana ɗaya. Lahadi ta gaba ku ƙara.

Kana da ikon ƙi, ɗana, kuma ba zan kasance a wurin in yi gardama ba. Idan ka ƙi, Maëlle, ki bar wurin fanko. Kada Loïc ya matsa, kada limamin coci ya cike, kada a nemo wani mai kama. A shekara arba'in da ɗaya ban taɓa barin gurbi ba kowa ba, ko da mai shi ya karye a ƙafa da safe, kafin azahar na samo wani. Wannan ba ni da na biyu a akwati.

Allah ya yi muku albarka, ku da 'ya'yanku da ban san su sosai ba. Ya ba ku tsawon rai da gidaje a hawa na ƙasa. Ku biyu kuka rage daga ni da Josiane, ku riƙe juna, ko kun yi kama ko ba ku yi ba.

Ubanku,
Anselme Pruvot
Montrouge, sha ɗaya ga Maris