Mangwaron da Diza Ta Dasa

Malanbil, watan Maris

Zuwa ga ɗiyata Rukaiya,

Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kina lafiya, ke da maigidanki da yara. Yaya zafin Dosso? Ni ƙafar nan ce kawai, sauran jiki alhamdu lillahi.

Kin yi fushi don kin ji zancen gonarmu ta hanyar Gene a bakin mutane. To ga shi daga bakina. Kin san kakanki ne ya ba mahaifin Haman aronta don su sauke shanunsu. Bara Haman ya sayar wa Alhaji Sadiƙu, ɗan kasuwar nan na Kamba. Na kai ƙara tiribinal, na faɗi.

Mangwaron nan na cikin gonar ne ya kayar da ni. Dattawa suka yi shaida cewa wanda aka ba aron ƙasa ba ya dasa itace a kanta, in kuwa ya dasa mai ƙasa ya yi shiru, to kyauta ce. Kuma kowa ya san Diza, uwar Haman, ita ta dasa shi. Na tashi na faɗa musu dalili: mahaifiyarki Hasiya, Allah ya jiƙanta, ta je sayen nono naƙuda ta kama ta, Diza ta karɓe ki a bukkarta, ta binne cibiyarki nan baya, Hasiya ta ba ta ƙwallon mangwaro ta sa a wurin don kada a manta. Alƙali ya saurara, ya tambaye ni ko hannun wa ya dasa. Duk karatun lakkol ɗin da na yi har Kwatano, duk shekarun da na yi ina shirya wa mutanen garin nan takardunsu, ban sami amsar da ta wuce sunan Diza ba.

Na ɗaukaka ƙara. Sai na ji Sadiƙu ya sami mai saye, wani da ke son gina magazan na ajiyar albasa. Abokana, wato lauyana, ya yi sauri, kotu ta ba da umarni kada a sake sayar da gonar sai an gama shari'a. Hushe, ma'aikacin kotu, ya zo ya kafa allo da jan fenti a bakin hanya. Dattawan da suka yi shaidar nan a kaina har yanzu suna gaishe ni a masallaci, ina amsawa.

Kada ki zo. Itacenki ya yi fure sosai bana.

Mahaifinki,
Bukari

Malanbil, watan Agusta

Ɗiyata Rukaiya,

Ina gaishe ki da yara. Ya damina? An ce ƙaramin ya yi zazzaɓi, ina fatan ya warware.

Na daɗe ban rubuto ba don ban san ta inda zan fara ba. An sake ɗage shari'ar, amma ba wannan ba ne.

Sadiƙu ya sare mangwaron. Da ya ga ƙasa ba ta sayuwa, sai ya kawo masu inji suka kwantar da shi da safe, kafin la'asar an kwashe a amalanke. Na hau kabu-kabu na je, na iske kututture da ganye a ƙasa. Allon kotu kuwa yana tsaye, ko karce babu.

Aboka ya ce umarnin ƙasa ya tsare, kuma za mu iya shigar da sabuwar ƙara a kan ɓarna. Har ya ƙara da cewa wataƙila abin ya taimake mu, tunda ya nuna halin mutumin. Abokan nan yaro ne, yana tsammanin ƙasar nake bi. Me zan yi da gona, ni da ban iya riƙe hauya ba tun ina saurayi? Ina son in mutu in bar miki wurin da uwarki ta yi wa alama, shi ke nan.

Washegari Diza ta zo gida, jikarta na jan sandarta, don idonta ya tafi. Ta ƙi hawa tabarma, ta zauna a ƙasa. Ta ce, “Bukari, Haman ya sayar da ƙasa. Ni ban sayar da itacen Hasiya ba.” Na sa aka dama mata fura, ba ta sha ba.

Na bi sawun itacen. Rassan sun tafi wurin masu tuya a tasha. Gindin kuwa wani masassaƙi ya saya, ya fitar da turame. Na iske saura ɗaya a kasuwa. Bai san ko ni wane ne ba, ya yi ta yaba mini ƙarfin itacen, wai ya sha ƙasa mai kyau. Ban yi ciniki ba, na biya abin da ya faɗa.

Direba Na-Allah zai kawo miki shi ranar kasuwar Gaya, ki aika a karɓa a tasha. Ɗanye ne, ki ajiye shi a inuwa kada ya tsage. Shari'a zan ci gaba da ita tunda na fara. Amma ko an ba ni gonar ko an hana ni, gadonki ke nan, kuma sayensa na yi.

Ki gaishe da maigidanki. Allah ya yi miki albarka.

Mahaifinki,
Bukari