Makullin da Aka Miƙa Maka a Bakin Kabari

Zuwa ga Malam, Baban Ummi,

Assalamu alaikum. Na san babu mai kai maka takardar nan, kuma ba za ka taɓa karanta ta ba. Amma in ban rubuta ba cikina zai fashe, don kai kaɗai na saba yi wa mita.

Gida lafiya lau. Yayanka Alhaji Sale ya aiko mana da sabon gero daga Mashi. Tunkiyarka ta haifi biyu. Katangar bayan gida da ka yi ta cewa gobe za ka gyara, damina ta kwantar da ita. Ummi ta shiga aji uku a jami'arku.

Jiya aka rufe shari'arka a Katsina. Kada ka yi murna. Alƙali bai ce ka ci zaɓe ba, bai ce ka yi maguɗi ba. Cewa ya yi wanda ake ƙara ya rasu, wa'adin kujerar ma ya ƙare, don haka babu sauran abin saurare. Shekara huɗu kana zarya tsakanin Daura da Katsina, yau lauya ba shi da lafiya, gobe an canja alƙali, jibi fayil ya yi ɓatan dabo. Duk wannan wahalar, jiya ko zama ban gama gyarawa a benci ba aka ce a tashi. To sunanka fa? Wa zai wanke shi?

Har yau in na tuna mafarin abin sai raina ya ɓaci. Malaman jami'a sun taru za su zaɓi wakilinsu a majalisar gudanarwa, kai da Dakta Nuhu kuna takara. Ana shirin ƙidaya aka ce tsohon direban motar ma'aikata ya rasu, za a kai shi nan take. Jami'in zaɓe ya kulle akwatin a ɗaki, kuka ɗunguma maƙabarta, har da Dakta Nuhu. Da jami'in zai shiga kabari karɓar gawa, sai ya tuɓe babbar riga, ya miƙa wa na kusa da shi makullin, kada ya faɗa rami. Kai ne na kusa. Yana fitowa ka mayar masa. Aka koma, aka ƙirga, ka ci.

Dakta Nuhu ya kai ƙara, sai ga hoto a kotu: hannunka riƙe da makulli. Wai ka sulale ka buɗe ɗakin. Malam, wane irin mutum ne ke ɗaga waya yana ɗaukar hoto ana binne Musulmi? Kuma ina ɗaruruwan da suka gan ka kana zuba ƙasa? Farfesoshi da daktoci, masu dogon Turanci, da aka nemi shaida duk suka zama kurame. Wannan yana jiran ƙarin girma, wancan ɗansa na neman gurbi. Kai ma da laifinka. Ɗan takara ya karɓi makullin akwati? Ko ɗan firamare ba zai yi ba, amma kai in an miƙo maka abu ba ka iya cewa a'a.

Kotu ta hana a rantsar da kai har sai an gama. Ka mutu ba ka zauna kujerar ko sau ɗaya ba. Yanzu an sake zaɓe, Dakta Nuhu ne a kai.

Ya zo ta'aziyya ranar uku. Ya zauna a zauren nan yana share hawaye, ya gaya wa Alhaji Sale cewa tun farko ya san ba ka taɓa akwatin ba, lauyoyi ne suka zuga shi, a yafe masa. Na aika masa cewa ba a zaure ya ɓata ka ba. In da gaske yake, ya koma ɗakin taron da aka yi zaɓen, ya miƙe a gaban kowa ya faɗa. Shiru kake ji har yau. 'Yan unguwa suna ta ce min in yi haƙuri, komai ya wuce. Bai wuce ba. A makaranta 'yar mai makulli suke kiran Ummi. Shekaranjiya na buɗe jakarta, na ga a bangon littattafanta sunan kakanta ta rubuta, ba naka ba. Ban iya yi mata faɗa ba.

Ka san abin da ya sa? Ka tuna ranar da ka dawo daga kotu bayan la'asar, na kawo maka tuwo, ka fara ci? Na tambaye ka ko da gaske ba ka bar maƙabartar nan ba, ko na minti biyar. Ka ɗago ka dube ni. Ka wanke hannu, ka ɗauki hularka ka fita. Ba ka sake tada zancen ba, ni kuma girman kai ya hana ni ba ka haƙuri. Daga ranar ka daina gaya min yadda aka kwana a kotu.

Shekara ashirin da shida ina gidanka, ko albasa ba ka taɓa ɗauka ba ba tare da sanin mai ita ba. Dakta Nuhu ya yi maka ƙazafi, amma shi ya san ƙarya yake yi. Ni da gaske na tambaya. Ina neman ya miƙe a gaban mutane, to ni ma gobe zan zaunar da Ummi in gaya mata abin da na yi wa ubanta, in gaya mata ko wane ne shi.

Ka yafe min, Malam. Allah ya haskaka kabarinka, ya yi maka shari'ar da ba a ɗagawa.

Taka har gobe,
Maman Ummi