Tattabarar da Aka Harbo

Assalamu alaikum Inna,

Ina gaisuwa. Ya ƙafar taki, ya mutan gida?

Jiya a kasuwar Guangyuan kowa na kallon wasannin Olamfik, amma tsohuwar da nake sarin riguna wurinta wani daɗaɗɗen fim marar magana ta kunna. Soja ya ɗaura wa tattabara saƙo ya sake ta, abokan gaba suka harbo ta. Sai tsohuwar ta fashe da kuka. Jikarta ta ce mini, "Babanta ma yaƙi ya tafi, shiru har yau."

Inna, sai na tuno babanki da ya tafi yaƙin Bama a zamanin Turawa. Na kasa ciniki, na zauna muka ƙarasa kallon tare.

Ki sa mu a addu'a, ni da ita. A gaida Kawu.

Ɗanki,
Nura